Magajin Gari a Littafin Yara: Daga Mai Sarewar Hamelin Zuwa Taragun San Francisco

A watan Janairun 1947, magajin garin San Francisco, Roger Lapham, ya shaida wa majalisar birnin cewa lokaci ya yi da za a rabu da tsofaffin taragun nan da igiyar ƙarfe ke ja daga ƙarƙashin titi. Yana da hujja. Taragun sun fara aiki tun 1873, gyaransu na cin kuɗi, ga kuma sababbin motocin bas da ake ganin za su fi sauƙin riƙewa. A lissafin ofis, magana ta ƙare.

Wata mata mai suna Friedel Klussmann ta ƙi yarda. Ta tara ƙungiyoyin matan birnin, suka kafa kwamitin ceton taragun, suka bi unguwa-unguwa suna karɓar sa hannun jama'a har aka kai batun gaban masu zaɓe. A watan Nuwamban shekarar aka kaɗa ƙuri'a: mutum 166,989 suka ce a bar taragun, 51,457 suka goyi bayan magajin gari. Shekara biyar bayan haka, a 1952, marubuciya kuma mai zane Virginia Lee Burton ta mayar da wannan rigima littafin yara mai hotuna, ta sa masa suna Maybelle the Cable Car. A cikinsa tarago ce ke da suna da zuciya, akwai wata bas mai ji da kanta, akwai dattawan gari da suka yanke shawara a ɗaki ba tare da sun tambayi kowa ba. Yaro ɗan shekara biyar da aka karanta wa littafin zai kwanta barci ya san abin da manya da yawa ba su riƙe ba: shawarar hukumar gari ana iya juya ta, kuma akwai matakan da ake bi, daga takardar koke, zuwa tara sa hannu, zuwa akwatin zaɓe.

Littattafan yara da ke magana kan magajin gari da aikin ƙaramar hukuma suna da yawa a Amurka da Turai, kuma ba dukansu ne suka kai na Burton daɗi ba. Amma wanda ya jera su ya duba zai ga yadda wata al'umma ke koya wa 'ya'yanta tun suna ƙanana cewa ruwan famfo da titi da kwasar shara ba daga sama suke faɗowa ba, akwai mutum mai suna da ofis da aka ɗora wa nauyinsu.

Burton ta daɗe tana wannan aiki kafin Maybelle. A 1939 ta fitar da Mike Mulligan and His Steam Shovel, labarin wani direban injin haƙa mai aiki da tururi wanda sababbin injuna suka raba shi da kasuwa. Ya tafi wani ƙaramin gari mai suna Popperville inda ake shirin gina sakatariya, ya yi ciniki da ɗaya daga cikin zaɓaɓɓun dattawan garin: in ya haƙa ramin tushen ginin a yini guda a biya shi, in ya kasa ya tafi hannu wofi. Ya gama kafin rana ta faɗi, amma ya manta bai bar hanyar da injin zai fito ba. Jama'a suka taru a bakin rami suna ta musu, dattijon yana neman kafar da zai zille wa biya. Wani yaro ne ya kawo mafita, ya ce a bar injin a wurin ya zama murhun dumama ginin, mai shi kuma a ɗauke shi aikin kula da sakatariyar. Abin sha'awa, a zahiri ma yaro ne ya ba Burton wannan dabara lokacin da labarin ya cije mata, ɗan wasu abokanta mai suna Dick Berkenbush, kuma ta rubuta sunansa a ƙasan shafin don kada ta ci haƙƙinsa. A wannan ɗan labari akwai kwangila, akwai ɗan kwangila, akwai jami'i mai son cin bulus, akwai taron gari da kowa ke da bakin magana. Haka ƙananan garuruwan arewa maso gabashin Amurka suke tafiyar da al'amuransu tun da daɗewa, da kwamitin zaɓaɓɓun dattawa da taron shekara na mazauna gari.

Littafinta na 1943, Katy and the Big Snow, shi ne wataƙila ya fi kowanne iya bayyana yadda gari ke aiki. Katy katafila ce ja ta sashen tituna na wani birni mai suna Geoppolis. Dusar ƙanƙara ta binne birnin, komai ya tsaya cik. Katy ta fito tana buɗe hanya, shugaban 'yan sanda ya nemi taimakonta, sai mai gidan waya, sai sashen ruwa da bututu ya fashe masa, sai likita mai maras lafiya, sai 'yan kwana-kwana, har filin jirgin sama. Burton ta zana taswirar birnin duka, ta sa wa kowane gini lamba, yadda yaro zai bi da ɗan yatsa ya ga inda Katy ta nufa. Babu jawabi kan shugabanci a ciki ko layi ɗaya. Yaron da kansa yake gano cewa asibiti ba ya amfani in titi a toshe yake, kuma motar kashe gobara ba ta da ƙima in ba ruwa a bututu. Richard Scarry ya bi irin wannan hanya a 1968 da What Do People Do All Day?, inda dabbobi ne mazauna garin Busytown, magajin garinsu yanyawa ce, shafukan kuma cike suke da zanen yadda ake shimfiɗa titi da yadda ruwa ke tasowa daga madatsa har ya iso famfon gida.

Sai dai magajin gari ya shiga labaran yara tun kafin a san littafi mai launi, kuma bai shigo da farin jini ba.

A garin Hamelin da ke bakin kogin Weser a Jamus, tsofaffin rubuce-rubuce sun ce ranar 26 ga Yunin 1284 yara 130 suka bi wani mai sarewa suka fita gari, ba a sake ganinsu ba. Daga baya aka ƙara wa labarin ɓeraye. 'Yan'uwan nan biyu, Grimm, sun saka shi cikin tarin labaran gargajiyar Jamus a 1816, amma wanda ya kai shi ɗakin yaran masu jin Turanci shi ne mawaƙin Ingila Robert Browning, a 1842. Ya rubuta waƙar ne don ya ɗebe wa wani yaro maras lafiya kewa, ɗan abokinsa William Macready, shahararren ɗan wasan kwaikwayo. A bakin Browning, labarin na majalisar gari ne tun daga farko har ƙarshe. Ɓeraye sun addabi mutane, jama'a suka yi cincirindo a ƙofar majalisa suna zagin magajin gari da 'yan majalisarsa kan suna sa rigunan alfarma da kuɗin talakawa ba su iya komai ba. Mai sarewa ya zo, aka yi masa alkawarin gilda 1,000, kuɗin zamanin. Ya janye ɓerayen zuwa kogi suka nutse. Da aiki ya kammala, magajin gari ya ga ai ɓeran da ya mutu ba ya dawowa, sai ya ce hamsin zai bayar. Abin da ya biyo baya kowa ya sani. Hukuma ce ta saɓa alkawari, yara ne suka biya. Har yau a Hamelin akwai wani siririn titi da al'ada ta hana a yi kiɗa a cikinsa, don an ce ta nan yaran suka bi.

Ɗaya tsohon magajin garin na labaran yara ya fi sa'a. Kowane yaro a Ingila ya san Dick Whittington, maraya matalauci da ya taka zuwa Landan don ya ji an ce titunanta zinariya ne, ya sha wuya a ɗakin girkin wani attajiri, har kyanwarsa ta kashe ɓerayen fadar wani sarki a gaɓar arewacin Afirka aka biya shi dukiya mai yawa, daga ƙarshe ya zama magajin garin Landan. Mutumin gaske ne. Richard Whittington ya hau kujerar a 1397, ya sake hawa a 1406 da 1419, ya rasu a 1423. Amma ɗan gidan masu hali ne daga yankin Gloucestershire, ɗan kasuwar tufafi masu tsada wanda har sarakunan Ingila yake ba rance, kuma labarin kyanwa bai ɓulla ba sai bayan kusan shekara 180 da mutuwarsa. Abin da ya yi na haƙiƙa ya fi na tatsuniyar armashi ga mai son sanin aikin gari. Ya biya kuɗin magudanan ruwa a unguwannin talakawa. Ya gina makewayin jama'a a bakin kogin Thames mai mazauni 128, rabi na maza rabi na mata, wanda tunkuɗowar ruwan kogi ke wanke shi. Da dukiyar da ya bari aka sake gina kurkukun Newgate, aka kafa ɗakin karatu a Guildhall, ginin majalisar birnin, kuma gidauniyarsa tana nan tana taimakon mabuƙata har yanzu. Abin takaici ne a ce yara sun haddace kyanwar da ba a tabbatar da ita ba, makewayin da ya kare lafiyar dubban mutane kuwa ba mai ba su labarinsa.

Akwai wani jinsin littattafan daban, na makaranta. Waɗannan siraran littattafai ne masu hoton gaske da manyan haruffa, irin su What's a Mayor? na Nancy Harris, waɗanda ake ajiyewa a ɗakin karatun firamare saboda darasin zaman jama'a a Amurka yakan fara ne da gida, sai unguwa, sai gari, kafin a kai ga jiha da ƙasa. Suna amsa tambayoyi kai tsaye: wa ke zaɓen magajin gari, shekara nawa yake yi, su wa ke taimaka masa. Suna da amfani, amma suna fama da wata matsala da ba laifin marubutan ba ce. Amurka tana da ƙananan hukumomi sama da 90,000, cikinsu kusan 19,500 na birane da garuruwa ne, kuma ba tsari ɗaya suke bi ba. A New York da Chicago magajin gari mai cikakken iko ne, shi ke naɗa shugabannin sassa, shi ke tsara kasafin kuɗi. A Phoenix da Dallas da San Antonio kuwa, majalisa ce ke ɗaukar manajan birni aiki kamar yadda kamfani ke ɗaukar ƙwararre, shi ke tafiyar da ma'aikata, magajin gari yana shugabantar zaman majalisa yana wakiltar birnin a idon duniya. Garin Staunton na jihar Virginia ne ya fara ɗaukar manaja a 1908, Dayton ta jihar Ohio ta bi a 1914, tsarin ya bazu. Don haka yaron Dallas da ya karanta cewa magajin gari shi ne mai gidan 'yan sanda da ma'aikatan shara, an faɗa masa abin da ba haka yake a garinsu ba. Yaron Landan ma yana da nasa ruɗanin: kujerar Whittington tana nan, amma ta tsohon tsakiyar birni ce kawai kuma yawancin aikinta na biki ne da wakilci, shi kuwa magajin garin da jama'ar Landan duka ke zaɓa ba a ƙirƙiro ofishinsa ba sai a 2000, lokacin da Ken Livingstone ya fara hawa.

Wannan ne ya sa littattafan da suka ɗauki rigima guda suka bi ta har ƙarshe suka fi zama a zuciyar yaro. Eileen Christelow ta yi haka a Vote! na 2003. Ta ƙirƙiri zaɓen magajin gari a wani birni, ta sa karnukan gidan 'yar takara biyu suna ta tambayoyin da yaro zai yi, aka bi rajistar masu zaɓe da neman kuɗin kamfe da muhawara da tallan ɓatanci, har aka kai ga sake ƙidayar ƙuri'a saboda tazarar ta yi kaɗan. Andrea Beaty da mai zane David Roberts sun fi shiga cikin ofis a Sofia Valdez, Future Prez na 2019. Sofia 'yar aji biyu ce, kakanta ke raka ta makaranta kullum, har ranar da ya zame a kan tulin bolar garin ya ji ciwo a idon sawu. Ta ƙudurta a mayar da jujin wurin shaƙatawa. Maƙwabta suka yaba, suka ce ta je ta dawo musu da labari. Ta tafi sakatariya ita kaɗai, aka yi ta tura ta daga wannan ofis zuwa wancan har ta dangana da ɗakin ƙarƙashin ƙasa, inda wata akawu ta ce mata ita yarinya ce. Duk wanda ya taɓa bin sawun fayil a ma'aikata zai gane wannan shafi. Darajar littafin ita ce bai ɓoye wa yara gajiyar bin ofis ba, kuma bai ɓoye musu cewa masu tafi a unguwa ba lalle su raka mutum ba.

Dr. Seuss ya riga su taɓa batun ta wata fuska. A Horton Hears a Who! na 1954, gari guda ne a kan ƙwayar ƙura, za a hallaka shi muddin ba a ji muryar mazaunansa ba. Magajin garin ya sa kowa ihu, bai isa ba. Ya bi gida-gida har ya samo wani ƙaramin yaro da ya zauna yana wasa bai sa baki ba, ya ɗauke shi zuwa saman hasumiya, muryarsa ce ta cika adadin. Magajin garin nan ba ya ba da umarni daga kan kujera, yawo yake yana neman wanda bai yi magana ba tukuna.

Ga manyan yara kuma, Jeanne DuPrau ta dawo da mugun magajin gari a The City of Ember na 2003. Birni ne a ƙarƙashin ƙasa, janaretansa na mutuwa, rumbunansa na ƙarewa. Waɗanda suka gina shi sun bar umarnin fita a cikin akwati da kowane magajin gari zai miƙa wa na bayansa, sai wani a cikinsu ya kai akwatin gida ya mutu bai faɗa wa kowa ba. Mai ci yanzu yana kwantar wa jama'a hankali da jawabi, a ɓoye yana tara abincin gwangwani don cikinsa. Yara biyu 'yan shekara 12, ɗaya 'yar aike ɗaya ma'aikacin bututun ruwa, su suka tono asirin. Wanda zai ce an yi wa yara nauyi da irin wannan labari ya tuna da Flint ta jihar Michigan. A 2014 aka sauya wa birnin mashayar ruwa don a rage kashe kuɗi, a lokacin da ikon garin yake hannun manajan gaggawa da gwamnatin jiha ta naɗa, ba zaɓaɓɓen magajin gari ba. Gubar dalma ta shiga ruwan, yara ne suka fi cutuwa. Wata yarinya 'yar shekara takwas, Mari Copeny, ta rubuta wa Shugaba Barack Obama wasiƙa a 2016, ya amsa, ya zo Flint a watan Mayun shekarar.

Akwai dalilin da ya sa malamai da iyaye a can suke damuwa da wannan karatu. Wani bincike da Jami'ar Portland State ta fitar a 2016 ya nuna cewa a birane 10 cikin 30 mafi girma a Amurka, waɗanda suka fito zaɓen magajin gari ba su kai kashi 15 cikin ɗari ba, kuma matsakaicin shekarun masu fitowar 57 ne. Hukumar da ta fi kusa da ƙofar gida ita ce aka fi yi wa ko-oho. Wasu garuruwan sun ga littafi kaɗai ba zai wadatar ba. Schiltigheim a Faransa ta kafa majalisar gari ta yara a 1979. A Fano ta Italiya, masanin tarbiyya Francesco Tonucci ya fara shirin birnin yara a 1991, inda magajin gari ke sauraron shawarar 'yan firamare kan tituna da filayen wasa. Gundumar Lewisham a Landan tana zaɓen matashin magajin gari tun 2004, kuma ana ba shi kasafin kuɗi na gaske ya kashe. A Fair Haven ta jihar Vermont, garin da manaja ke tafiyarwa, an shirya zaɓen magajin gari na girmamawa tsakanin dabbobin gida a 2019 don a tara kuɗin filin wasa, yara suka kaɗa ƙuri'a, wata akuya mai suna Lincoln ta lashe. Abin dariya ne a ido, amma yaran sun ga akwati, sun ga ƙidaya, sun ga wanda suka zaɓa ya faɗi ko ya ci.

Inda kusan duk littattafan suka gaza shi ne wajen kuɗi. Sofia ta sami wurin shaƙatawarta, amma yaro bai ga abin da aka fasa ginawa don a gina shi ba. Katy ta share tituna, ba a ce wa ya sayi manta ba. Haraji da kasafi su ne ƙashin bayan aikin magajin gari, a nan ake rigimar gaske, a nan kuma ake sata in za a yi. A cikinsu Browning ne kawai, tun 1842, ya yarda ya sa yara su ji jama'a suna tambayar inda kuɗinsu ya tafi. Yaron da ya iya raba naira ɗari tsakanin alewa da fensir zai iya gane cewa gari ma yana zaɓe tsakanin rijiya da kwalbati, in aka samu marubucin da zai ba shi labarin yadda ya kamata.

Mai karatun Hausa ba baƙo ba ne ga kalmar da ake fassara wannan muƙami da ita. Magajin gari tsohuwar sarauta ce a masarautu irin su Sakkwato da Katsina da Zazzau, a Nijar kuma da ita ake kiran shugaban ƙaramar hukuma. A Najeriya ciyaman da kansila ake cewa, a ƙananan hukumomi 774 da tsarinsu ya samo asali daga garambawul na 1976. Kundin tsarin mulki na 1999 ya lissafa musu ayyuka a jadawali na huɗu: kasuwa, tashar mota, maƙabarta, mayanka, kwasar shara, raɗa wa tituna suna, rajistar haihuwa da mutuwa da aure. Ranar 11 ga Yulin 2024 Kotun Ƙoli ta yanke hukuncin a riƙa biyan su kasonsu kai tsaye. Tatsuniyoyin Hausa da Magana Jari Ce na Abubakar Imam sun koya wa yara sarki da waziri da alƙali da dogari sarai, har yaro ya san wanda ake kai wa ƙara da yadda ake faɗuwa a gaishe shi. Wancan jerin na jadawali na huɗu kuwa kowane layinsa labari ne da ke jiran mai ba da shi, daga kwatar da ta toshe da damina har zuwa ranar da aka tashi kasuwar ƙauye aka mayar da ita bakin titi.

Friedel Klussmann ba ta huta ba bayan nasarar 1947. A shekarun 1950 an sake rage layukan taragun duk da fafutukarta, uku ne suka tsira, su ne ke hawa tsaunukan San Francisco har yau. A 1964 gwamnatin Amurka ta sa su cikin kayan tarihin ƙasa. Da ta rasu a 1986, an lulluɓe taragun da baƙin ƙyalle, a 1997 kuma birnin ya sa sunanta a wurin da ake juya taragon layin Powell da Hyde kusa da bakin teku, inda ma'aikata ke sa kafaɗa su tura shi da hannu ya fuskanci tudu. Littafin Burton, wanda ta sadaukar ga mutanen San Francisco da ita Klussmann ɗin, ana ci gaba da buga shi shekara sama da 70 bayan fitowarsa.